Ɗora firiji a kan kafet: Abin da ke faruwa a ƙarƙashinsa da yadda ake gyarawa

A yawancin gidajen haya na ciki da falo a Kano, Kaduna, Zariya da Sakkwato, firiji ba ya samun wuri a kicin. Ko dai kicin ɗin ya yi ƙanƙanta, ko yana can tsakar gida, ko kuma na haɗaka ne da maƙwabta. Saboda haka a falo ko a uwar ɗaka ake kafa shi, inda tuni an shimfiɗa kafet daga bango zuwa bango. Haka ake yi a ranar jeren amarya, haka ake yi a ofisoshi da dama inda ƙaramin firiji ke zaune a gefen teburin maigida, haka kuma a wasu shagunan da aka ƙawata da kafet don jawo masu saye.

Firijin da aka ɗora a kan kafet ba ya lalacewa nan take, kuma wannan ne ya sa mutane da yawa ke ganin gargaɗin masu gyara a matsayin neman magana. Illar a hankali take zuwa, ta hanyoyi uku: kafet yana toshe ratar da iska ke bi ta ƙarƙashin firijin, yana shanye ruwan da ya zuba ya riƙe, sannan yana lotsawa ƙarƙashin nauyi har firijin ya karkace. Girman kowace illa ya danganta da irin firijin da kuma irin kafet ɗin. Akwai haɗin da kusan babu komai a cikinsa, akwai kuma wanda ke cin kuɗin wuta da ran inji a lokaci guda.

Inda zafin ke fita

Firiji ba ya ƙirƙirar sanyi. Aikinsa shi ne kwashe zafin da ke cikin abinci da ruwa ya fitar da shi waje, ya zubar a cikin ɗaki. Baƙin injin nan mai kama da tukunya da ke ƙasa ta baya, wanda masu gyara ke kira kwamfiresa, shi ke matse iskar gas ya tura ta cikin siraran bututu. A bututun da ke ciki gas ɗin yana ɗaukar zafi, a waɗanda ke waje kuma, wato kwandensa, yana sauke shi. Zafin da ake saukewa ya ma fi wanda aka kwaso daga ciki yawa, domin wutar lantarkin da injin ya ci ita ma zafi take komawa. Idan iskar ɗaki ba ta samu hanyar wucewa ta jikin kwandensa ba, gas ɗin ba ya hucewa yadda ya kamata, matsinsa yana ƙaruwa, injin ya ja wuta fiye da ƙa'ida, ya kuma daɗe yana aiki kafin ya huta.

Wurin da kamfani ya ɗora kwandensa shi ne abu na farko da ya kamata mai firiji ya gane. Tsofaffin firiji suna da shi a fili: baƙar raga ce ta ƙarfe manne a baya. Iska mai ɗan sanyi takan taso daga ƙasa, ta bi ta jikin ragar, ta ɗumama, ta haura sama. Irin wannan ya fi damuwa da tazarar da ke tsakaninsa da bango fiye da abin da ke ƙarƙashinsa, ko da yake kafet mai kauri yana rage iskar da ke isa ga injin. Yawancin ƙanana da matsakaitan firiji na yanzu, har da firiza mai murfi a sama, bayansu a shafe yake, domin an binne bututun a cikin bangon gefe. Shi ya sa gefensu ke ɗumi idan an taɓa, kuma wannan ɗumin alamar lafiya ce. Waɗannan sarari suke so a dama da hagu. Masu barin ledar da firiji ya zo da ita don kada fenti ya goge, ko masu lulluɓe shi da ƙyalle mai ado har ƙasa, sun fi cutar da shi fiye da kafet.

Na uku shi ne wanda kafet ke yi wa illa sosai: manyan firiji masu ƙofa biyu gefe da gefe da ire-irensu, waɗanda kwandensarsu ke ƙasa kusa da inji, tare da 'yar fanka da ke zuƙo iska ta wasu ramuka a gindin firijin. Ratar da ke tsakanin gindin da daɓe 'yan santimitoci ne kawai. Kafet mai dogon gashi yana cika ta tsaf da zarar ƙafafun sun nutse. Ɗan abin da ya rage na hanyar iska kuma, fankar za ta riƙa zuƙo zaren kafet da gashi da ƙura ta cikinsa, su taru a jikin bututun kamar bargo. A lokacin hunturu, daga Nuwamba zuwa Fabrairu, ƙurar da ke shiga ɗaki tana sauka a kafet ta ɓoye, tsintsiya ba ta iya fitar da ita duka, fankar firiji kuwa dare da rana take zuƙa.

Yanayin arewa ya sa wannan magana ta fi nauyi a nan fiye da ƙasashen da ake ƙera kayan. A jikin kowane firiji, ciki ko baya, akwai 'yar takarda mai bayanin ƙarfinsa, kuma a cikinta akwai harafin da ke nuna zafin ɗakin da aka tsara shi ya jure. SN na nufin daga digiri 10 zuwa 32 a ma'aunin Salshiyas, N daga 16 zuwa 32, ST daga 16 zuwa 38, T kuwa daga 16 zuwa 43. A watannin Afrilu da Mayu zafin rana yakan haura digiri 40 a Sakkwato, Maiduguri da Kano, kuma ɗaki mai rufin kwano ba ya yin nisa da hakan. Da yawa daga firijin hannu da ake shigowa da su daga Turai masu harafin N ne ko SN, wato a tsakiyar bazara sun riga sun wuce iyakarsu tun kafin a toshe musu iska. Ɗan kasuwar da zai sayi firiza don ruwan sanyi ko zoɓo zai amfana da duba wannan harafi fiye da duba ƙyallin fenti.

Sakamakon yana bayyana a mita. A watan Afrilun 2024 hukumar NERC ta ɗaga kuɗin wuta ga 'yan rukunin Band A zuwa naira 225 kan kowane yunit, kuma a gida mai matsakaicin ƙarfi firiji na cikin ƙalilan kayan da ba a kashe su muddin akwai wuta. Mai amfani da sola ko janareta ya fi kowa jin bambancin, domin injin da ba ya hutawa yana shanye batir kafin asuba. A unguwannin da wuta ke zuwa na 'yan sa'o'i kuwa, asarar ta wata fuska ce: firijin da ke fama da zafinsa ba ya kai ga daskarar da ruwa kafin a sake ɗauke wutar.

Ruwan da ba a gani

A Najeriya matsalar ruwa ta fi ta iska saurin nuna kanta, kuma dalilin shi ne ɗauke wuta. Hukumomin kula da lafiyar abinci a Amurka suna ƙiyasta cewa firijin da ba a buɗe ba yana riƙe sanyinsa na kimanin sa'o'i 4 bayan yankewar wuta, firiza cikakkiya sa'o'i 48, wadda take rabi kuma sa'o'i 24. Wannan lissafi ne na ƙasa mai sanyi da ƙofar da ba a taɓawa. A gidan da yara ke buɗe firiji kowane lokaci cikin zafin bazara, ƙanƙarar da ta taru a jikin bango takan fara narkewa tun da wuri.

Kamfani ya tanadi hanya ga wani ɓangare na wannan ruwa. A bangon baya ta ciki akwai ɗan rami da ke kai ruwa ta bututu zuwa wani ƙaramin faranti da ke zaune a kan inji ko kusa da shi, inda ɗumin injin ke busar da shi. Amma farantin an yi shi ne don ɗigon yau da kullum. Idan duk ƙanƙarar ta narke a lokaci guda, alhali injin a kashe yake babu ɗumin da zai busar, sai ya cika ya tumbatsa. Idan kuma ɓurɓushin abinci ya toshe ramin, ruwan yakan taru a ƙarƙashin akwatin kayan miya ya biyo ta ƙofa. A damina, musamman cikin Agusta, jikin firiji da kansa yakan yi zufa saboda laimar iska, ta gangaro ƙasa.

A kan tayil ko siminti uwargida za ta ga ruwan ta goge, kuma ganin nasa gargaɗi ne cewa akwai abin dubawa. Kafet yana haɗiye shi shiru. Ruwan ya ratsa zuwa soson da ke ƙarƙashi, ya kwanta tsakaninsa da daɓe, a wurin da babu rana babu iska, ga ɗumin inji a kai. Hukumar Kare Muhalli ta Amurka tana ba da shawarar a busar da duk abin da ya jiƙe cikin sa'o'i 24 zuwa 48 don hana fumfuna kamawa, kafet ɗin da ke ƙarƙashin firiji kuwa yakan yi makonni bai bushe ba. Daga nan ake samun warin rima da turaren wuta ba ya kashewa, da kyankyasai da suka samu ruwa da ɗumi a wuri ɗaya, da tsatsar da ke cin gindin firijin daga ƙasa, ta bar jan tabo a kafet wanda wanki ba ya fitarwa. Idan ruwan ya biyo ta kan nama ko kifi, kamar yadda ke faruwa bayan Babbar Sallah lokacin da firiza ta cika maƙil aka kuma ɗauke wuta, warin yakan kai ga a jefar da kafet ɗin. Ya kamata a tuna cewa a gidan Bahaushe kafet wurin zama ne, a kansa ake cin abinci, a kansa jarirai ke rarrafe. Fumfuna tana tayar da asma da atishawa ga masu ɗauke da su, kuma yaron da fuskarsa ke kusa da ƙasa shi ya fi shaƙa.

Nauyi da karkacewa

Matsakaicin firiji yana da nauyin kilo gommai tun babu komai a ciki. Kowace lita ta ruwa kilo 1 ce, jakar ruwan leda guda mai ɗauke da 20 kuma kilo 10. Mai shagon da ya loda jaka 10 a firiza ya ƙara mata kilo 100 ke nan. Duk wannan nauyi yana sauka ne a kan ƙafafu huɗu da faɗin kowace bai wuce murfin kwalba da yawa ba. Kafet da sosonsa suna lotsawa, kuma ba sa lotsawa daidai: ɓangaren inji ya fi nauyi, ƙofar da aka cika da kwalabe tana jan gaba duk lokacin da aka buɗe ta, gefen kafet na kusa da bango kuma sau da yawa ya fi tsakiya tudu. Firijin da aka kafa a miƙe yau, bayan mako biyu ya sunkuya.

Ƙofa ce ke fara nunawa. An tsara firiji ya ɗan jingina baya kaɗan domin ƙofar ta rufe da kanta, robar da ke kewaye da ita mai maganaɗisu ta manne. Idan ya rinjayi gaba, ƙofar takan tsaya a sage ba tare da an lura ba. Idan ƙafa ɗaya ta nutse fiye da sauran, akwatin yakan murɗe kaɗan, robar ta bar rata a kusurwa. Ta wannan rata iskar ɗaki mai zafi da laima ke shiga, ta daskare a bangon ciki, ƙanƙara ta yi kauri, injin ya ƙara wahala, sannan a ranar da aka ɗauke wuta ruwan da zai zuba ya ninka. A haka karkacewa ke ciyar da sauran matsalolin biyu. Abincin da ya kamata ya zauna a digiri 4 ko ƙasa da haka, da naman da ya kamata ya daskare a digiri 18 ƙasa da sifiri, su ke biyan kuɗin.

Gwajin ba shi da wuya. A rufe ƙofar a kan takarda ko takardar kuɗi, a ja. Idan ta zare babu turjiya, robar ba ta kama a wurin ba, sai a maimaita a kusurwoyi huɗu. Kofin ruwa da aka ajiye a saman firiji yana nuna inda ya rinjaya. Ƙafafun gaba na yawancin firiji ana murɗa su kamar noti don ɗagawa ko saukewa, amma a kan kafet mai laushi murɗawar ba ta daɗewa, domin ƙafar tana ci gaba da nutsewa. Firiji siriri mai tsawo a kan shimfiɗa mai motsi yana da wani haɗarin ga gidan da ke da ƙananan yara masu rataya a ƙofa.

Akwai kuma firijin da ba shi da inji, mai aiki da harshen wutar kananzir ko gas, irin wanda aka daɗe ana ajiye allurar rigakafi a cikinsa a asibitocin karkara. Wannan ba ya yin sanyi sai ya zauna daidai ƙwarai, kuma wutarsa a ƙasa take. Ba shi da wuri a kan kafet ko kaɗan.

Jan wuta da gobara

Wasu suna ɗora firiji a kan kafet ko katako da gangan, wai don kada ya ja mutum. Gaskiya ne busasshen kafet yana rage jin jan idan mutum yana tsaye a kansa, amma firijin da jikinsa ke ja yana da lalura: wuta na yoyo zuwa ƙarfen jikinsa, kuma wayar da ya kamata ta kai ta ƙasa ba ta aiki. Wannan waya ita ce ke haɗe da dogon haƙorin sama na filogi mai haƙora uku. Sau da yawa an yanke ta, ko an sauya filogin da mai haƙora biyu, ko kuma gidan gaba ɗaya ba a yi masa haɗin ƙasa ba. Kafet yana ɓoye alamar ne kawai, har ranar da ya jiƙe wani ya taka shi babu takalmi ya kama hannun ƙofa. Wutar gida a Najeriya bolt 230 ce, kuma ta isa ta kashe. Irin wannan firiji a cire shi daga soket a kira mai aikin wuta.

Batun gobara yana buƙatar a faɗe shi daidai gwargwado. Ɗumin injin da ke aiki lafiya ba ya kunna kafet. Zaren roba da ake saƙa yawancin kafet masu araha da shi sai zafi ya kai wajen digiri 160 yake narkewa, jikin inji kuwa ba ya kusantar hakan. Haɗarin yana ga wayoyi: doguwar wayar ƙari da aka bi da ita ta ƙarƙashin kafet ana takawa, wayar firijin da ƙafarsa ta danne, ko sitabilaiza da aka ajiye a kan kafet ramukan shan iskarta a toshe. Idan tartsatsi ya tashi a nan, kafet ne makamashin farko. Gobarar benen Grenfell a Landan, wadda ta ci rayuka 72 a watan Yunin 2017, ta faro ne daga matsalar lantarki a jikin wani firiji. Ba kafet ne ya jawo ta ba, amma ta nuna cewa kayan da ke aiki mutane suna barci ya cancanci soket nasa shi kaɗai a bango. Firiji na zamani da yawa kuma suna aiki da gas mai suna R600a, wanda ke kama wuta, ko da yake kaɗan ne a ciki. Wannan ƙarin dalili ne na daina sassaƙar ƙanƙara da wuƙa, al'adar da ta huda bututun firiji marasa adadi.

Abin da za a ɗora shi a kai

Mafi kyau shi ne firiji ya zauna a kan tayil ko siminti. Wanda kafet ɗin nasa ne, ya yanke wurin firijin ya bar ɗan sarari a gaba, ko ya naɗe gefen tun ranar shimfiɗawa. Ledar ƙasa ba ta toshe iska kuma ba ta shan ruwa, aibinta kawai shi ne yagewa idan aka ja firiji a kanta, da ruwan da ke shiga ta yagar. Siririn kafet mara gashi da aka manne a daɓe, irin na ofis, illarsa kaɗan ce ga ƙaramin firiji, muddin ana lura da ruwa.

Ga ɗan haya ko ma'aikacin da ba shi da ikon yanka kafet, sai a sa wani abu mai tauri a tsakani. Falankin filawud mai kaurin kimanin milimita 18 ya wadatar, a yanka shi ya zarce ƙafafun ta kowane gefe, a shafa masa fenti ko a lulluɓe shi da leda don kada ya sha ruwa. Matsattsen garin katako da kafintoci ke kira MDF bai dace ba, domin yana kumbura ya ruguje da zarar ya jiƙe. Kwali ma haka. Farin makarin nan mara nauyi da kamfani ke sawa a gindin firiji cikin kwali, wanda gidaje da yawa ke barinsa a matsayin kujera, an yi shi ne don tafiya: yana rufe ramukan iska, yana tara ruwa, kuma yana cin wuta. Teburin ƙarfe gajere da mai walda zai ƙera, mai tsawon santimita 10 zuwa 15, ya fi su duka, domin iska na wucewa, tsintsiya na shiga, ana kuma iya tura faranti a ƙarƙashi ranar da aka ɗauke wuta. Sai dai a yi masa faffaɗan tafi a kowace ƙafa, kada kuma a ɗaga dogon firiji ya wuce haka.

Bayan an kafa shi, a bar tazarar da littafin kamfani ya faɗa tsakaninsa da bango, wadda galibi ba ta gaza santimita 5 ba, a nisanta shi da taga mai rana. Idan an kwantar da shi a mota ko a baro wajen ɗaukowa, a bar shi a tsaye na sa'o'i da dama, wasu kamfanoni ma suna cewa yini da kwana, domin man injin ya koma mazauninsa kafin a kunna. A sake duba daidaitonsa bayan mako biyu, lokacin da kafet ɗin ya gama lotsawa ƙarƙashin falankin. Sau biyu a shekara, a ƙarshen hunturu da ƙarshen damina, a cire filogi, a jawo firijin, a kakkaɓe ƙurar baya da ta ƙasa da burushi mai laushi, a wanke farantin ruwa, a ɗaga falankin a shafa kafet ɗin da hannu a ji ko da danshi.

Wanda ya riga ya daɗe da firiji a kan kafet zai tarar da ramuka huɗu idan ya matsar da shi. Tabon tsatsa ba kasafai yake fita ba, amma ramukan suna tashi: a ajiye gutsuren ƙanƙara a cikin kowanne, a bari ya narke, a tsane ruwan da tsumma, a tayar da gashin da bakin cokali, sannan a kunna fanka a kan wurin har ya bushe ƙarau.